Burauza Nawa Ke Kwance a Kwamfutarka Ba Ka Sani Ba?

Wata ranar Asabar kawuna ya aiko yaro ya kira ni shagonsa na kayan gini. Na tarar da shi ya zuba tagumi gaban kwamfutar da yake lissafin kaya da ita, yaron shago kuma na tsaye a bayansa yana latse-latsen waya.

"Yauwa ɗan nan, zo ka ga ikon Allah. Jiya lafiya lau muka rufe, yau ta ce atafau ba za ta buɗe ba."

Saƙon da ke kan allo gajere ne: manhajar ba za ta tashi ba, domin an nemi wani fayil mai suna libcef.dll an rasa. Yaron shago har ya lalubo wani shafi a intanet da ke raba irin waɗannan fayiloli kyauta, saura ƙiris ya sauko da shi. Na ce ya dakata. Da na leƙa manhajar kariyar kwamfutar, sai ga fayil ɗin can a tsare, ta cafke shi bisa zargi. Na sabunta mai kariyar, na sake ɗora manhajar lissafin daga asalin filashin da masu ita suka ba shi, komai ya tashi. Abin da ya tsaya wa Kawu a rai shi ne girman fayil ɗin. Ya haura megabait 100, alhali ita manhajar da ke kiransa 'yar mitsitsiya ce a gefensa.

"To me aka cusa a cikinsa haka?"

"Kawu, kusan Chrome ne sukutum."

"Chrome kuma? Ai ga nawa can a gefe. Wa ya ce a ƙaro mini wani?"

Babu wanda ya nemi shawararsa, kuma ba shi kaɗai ba ne. Mai Spotify a kwamfuta yana da irin wannan fayil. Mai Steam, kantin wasannin kwamfuta, yana da nasa. Masu yaɗa wa'azi ko wasanni kai tsaye da OBS Studio suna da shi, haka masu amfani da wasu manhajojin Adobe. Idan ka ƙara da Discord da Slack da Signal da Visual Studio Code, waɗanda suka ɗauko inji iri ɗaya ta wata hanyar daban, za ka ga kwamfutar da mai ita ke rantsuwa burauza ɗaya ya sa mata tana iya ɗauke da biyar ko shida, kowanne da shekarunsa, kowanne da tabonsa.

Kafin a gane yadda aka zo nan, sai an fahimci abin da ake nufi da fayil mai ƙarewa da dll. Laburare ne, wato tarin umarnin da aka rubuta aka ajiye gefe don manhajoji su riƙa ara. Shi kansa ba ya tashi ya yi aiki, sai an kira shi. A Linux irinsa kan ƙare da so, a kwamfutocin Apple kuma da dylib, ko a naɗe shi cikin ƙunshin da suke kira framework. Idan ka danna manhaja, kafin ta nuna maka ko taga ɗaya, Windows na karanta jerin laburaren da ta ce tana bukata, ya nemo su ɗaya bayan ɗaya, ya shimfiɗa su cikin RAM, ya haɗa kowane kira da inda amsarsa take. Aka rasa ɗaya, an fasa tafiyar. Shi ne abin da ya sami Kawu.

Hikimar abin tun asali irin ta injin niƙa ce a unguwa. Gida ɗari, inji ɗaya. Kowa ya kawo dawarsa ya tafi da garinsa. Fayil ɗaya ne a faifai, kuma idan manhajoji goma suka kira shi a lokaci guda, kwafi ɗaya na umarninsa ake ajiyewa a RAM, su goman su ci daga ciki. A zamanin da RAM ɗin kwamfuta bai wuce megabait 8 ko 16 ba, wannan tattali shi ne rayuwa. Ga kuma garaɓasa: idan aka gano aibi a laburaren aka gyara, duk masu aro sun warke a tare.

Shi kuwa injin burauza, aikinsa ya fi yadda ake zato nauyi. Zai karɓi rubutun HTML ya gane tsarin shafi, ya karanta CSS ya san launi da girma da mazaunin kowane abu, ya gudanar da JavaScript, ya warware hotuna da bidiyo da sauti, ya yi magana da intanet a ɓoye yadda ɗan leƙen asiri ba zai ji ba, sannan ya zana duk wannan a allo sau da yawa cikin daƙiƙa ɗaya. Ko zancen rubutu kaɗai ya isa sana'a. Wanda ya taɓa buga ajami a kwamfuta ya san harafi ɗaya na sauya kama gwargwadon inda ya faɗo a kalma, farko ko tsakiya ko ƙarshe, ga wasula sama da ƙasa, ga rubutu na tafiya daga dama, sai kuma lamba ko kalmar boko ta shigo tsakiya ta juya hagu. A Chromium, tushen da aka gina Chrome a kansa, akwai wani laburare mai suna HarfBuzz da aikinsa ke nan. Ƙaramin kamfanin da ke rubuta manhajar lissafin siminti da kwano ba zai zauna ya ƙera wannan ba. Ara zai yi. Tambayar ita ce wajen wa.

Microsoft ce ta fara amsa wannan tambaya da ƙarfi. Da fitowar Internet Explorer 4 a 1997, injinsa mai suna Trident ya zauna a fayil ɗin mshtml.dll a cikin Windows kansa, kuma duk mai rubuta manhaja yana iya buɗe taga a cikin tasa ya ce wa injin ya zana masa shafi. Outlook Express da shi yake nuna wasiƙu, shafukan taimako na Windows da shi suke buɗewa. Injin unguwa ne na haƙiƙa. Har kotu maganar ta kai: a 1998 ma'aikatar shari'ar Amurka da jihohi da dama suka maka Microsoft bisa zargin danne burauzar Netscape, kamfanin kuwa ya kafe cewa burauzar ta riga ta zama tsokar jikin Windows, cire ta ɓarna ce. Wani malamin jami'ar Princeton, Edward Felten, ya kawo wa kotu 'yar manhajar da ke cire burauzar daga Windows 98, aka yi ta ja-in-ja a kan ko abin da ya cire shi ne burauza, ko kuwa tambarinta kawai ya ɓoye ya bar fayilolin. Alƙali Thomas Penfield Jackson ya yanke a 2000 cewa a raba kamfanin gida biyu, kotun ɗaukaka ƙara ta soke rabawar a 2001. Abin da ya fi ba ni sha'awa a shari'ar shi ne manyan lauyoyi sun ɓata watanni a kan tambayar da Kawu ya yi mini cikin jimla ɗaya: shin burauza ita ce abin da nake dannawa, ko abin da ke kwance a ciki?

Sai dai injin unguwa yana da ciwonsa, kuma masu rubuta manhaja sun ɗanɗana. Internet Explorer 6 ya fito a 2001, aka bar shi haka har 2006 kafin na 7 ya zo. Kai mai manhaja ba ka da ta cewa a kan wane inji za ka tarar a kwamfutar mai saye. Ka gwada aikinka a kan wannan ya yi kyau, ya je can ya wargaje. Mafi ban takaici, ko da mutum ya sa Internet Explorer 11, tagar da ake arawa manhajoji tana komawa halin na 7 ne, sai an shiga rajistar Windows an sauya wata alama. Microsoft ta yi hakan ne don kada tsofaffin manhajojin ofisoshi su lalace, amma sakamakonsa shi ne sababbi suka maƙale a baya. Kuma fayil ɗin bai mutu ba. An yi wa Internet Explorer ritaya ranar 15 ga Yunin 2022, amma mshtml.dll na nan a Windows 11. A Satumban 2021 ma ta cikinsa masu kutse suka riƙa shiga kwamfutocin mutane, ta hanyar takardar Word da aka ɗana wa tarko.

A ɗaya gefen kuma wata zuriya na tasowa. 'Yan ƙungiyar KDE masu aikin Linux suka ƙera inji mai suna KHTML a ƙarshen shekarun 1990. Apple ta ɗauke shi ta gina Safari a 2003, daga nan aka sami WebKit. Google ta ɗauki WebKit ta fitar da Chrome a Satumban 2008, ta haɗa masa V8, sabon injin JavaScript da Lars Bak ya jagoranci ƙerawa a Denmark, ta kuma bar tushen aikin a buɗe da sunan Chromium. A 2013 ta raba gari da Apple ta kira nata reshen Blink. Tun a shekarar 2008 ɗin wani mai rubuta manhaja, Marshall Greenblatt, ya fara aikin da ya haifi fayil ɗin Kawu. Chromium ba a ƙera shi don a ara ba. Cikinsa kullum sauyawa yake, abin da ka dogara da shi a wannan watan wata mai zuwa an rushe shi. Greenblatt ya lulluɓe shi da riga mai ƙofofi tsayayyu, yadda mai manhaja zai ce buɗe mini taga, ɗauko wannan shafi, sanar da ni idan an danna nan, ba tare da ya san rikicin da ke ciki ba. Sunan aikin CEF, fayil ɗinsa a Windows libcef.dll. Lasisinsa mai sassauci ne, kamfani na iya sa shi a kayan sayarwa ba ya biyan ko sisi. Spotify ce ma ke ɗaukar nauyin wurin da ake sauko da gine-ginensa da aka riga aka harhaɗa.

Idan ka buɗe foldar manhajar da ke amfani da shi, ba shi kaɗai za ka gani ba, da ayarinsa yake tafe. Akwai icudtl.dat mai ɗauke da ƙa'idojin harsuna da haruffa da kwanan wata. Akwai fayiloli masu ƙarewa da pak, cikinsu hotuna da rubuce-rubucen burauzar, da folda guda ta fassarori cikin harsuna da dama waɗanda galibi babu mai buɗe su har kwamfutar ta mutu. Akwai libEGL.dll da libGLESv2.dll masu yi masa tafinta da na'urar zanen hoto. Duk a lokaci ɗaya aka gina su, kuma ba sa yarda da baƙo. Shi ya sa dabarar yaron shago ba za ta yi aiki ba ko da shafin nan na mutanen kirki ne: libcef.dll na wani zubi ba zai zauna da ayarin wani zubi ba.

Electron, wanda su Discord da Slack da Signal ke kansa, ta wata ƙofa ya shigo. A 2013 Cheng Zhao ya fara shi a GitHub don manhajar rubutu ta Atom, aka sauya masa suna a 2015. Ba ya amfani da libcef.dll, Chromium ya ɗauka kai tsaye ya aura masa Node.js, abin da ke ba JavaScript ikon taɓa fayilolin kwamfuta. CEF na wanda ke da manhajarsa ne yana son taga ɗaya ta intanet a ciki. Electron kuwa manhajar gaba ɗaya shafin intanet ce da aka sa wa rigar manhaja. Masu amfani da Qt, wani kayan aikin gina manhaja, su ma suna da nasu, Qt WebEngine, tun ƙarshen 2014, shi ma Chromium ne a ciki.

Ni ban ga laifin kamfanonin da suka rungumi wannan hanya ba, ko da yake na san masu zaginsu. Ka rubuta fuskar manhaja sau ɗaya, ta yi aiki a Windows da Mac da Linux, kuma ta yi kama da shafinka na intanet. Masu iya HTML da JavaScript sun fi masu iya C++ yawa da araha. Uwa uba, injin da ka gwada aikinka a kai shi ne daidai wanda zai isa hannun mai saye, babu abin mamaki. Wanda mshtml.dll ya taɓa gasa wa aya a hannu ba zai raina wannan ba.

Amma dubi inda aka kwana. Fayil ɗin har yanzu sunansa laburaren tarayya, tarayyar ce dai babu. Kowane gida ya sayi injin niƙansa ya kafa a zaure. Na Spotify yana foldar Spotify, na Steam yana ta Steam, kuma a idon Windows fayiloli ne mabambanta ko da zubinsu ɗaya, don haka kowanne da nasa wurin a RAM. Tattalin da aka ƙirƙiri dll dominsa ya tafi. Sauran tarayyar da ta rage ta cikin gida ce: Chromium ba ya aiki da ma'aikaci ɗaya, yana da shugaba mai kula da taga, da mai zana shafi, da mai magana da na'urar hoto, da mai kula da intanet, kowanne a ɗakinsa, dukkansu na ara daga fayil ɗin nan ɗaya. Shi ya sa idan ka buɗe Task Manager za ka ga steamwebhelper.exe na Steam jere kusan rabin dozin, ka ɗauka bairos ne. Ga mai RAM gigabait 32 wannan ba abin damuwa ba ne. Ga mai laftof ɗin tokumbo da gigabait 4, irin da ke cike da shagunan buga takardu da ɗakunan ɗalibai a garuruwanmu, manhajoji uku irin waɗannan sun isa su sa fanka ta kama kuka. Ga kuma data: duk sabuntawar da ta taɓa injin, wani lodin ne mai nauyi, kuma kowace manhaja nata daban za ta sauko da shi.

Nauyi dai ana iya haƙuri da shi. Inda gizo ke saƙar shi ne wajen faci.

A 2021 Google ta fara fitar da sabon zubin Chrome duk mako huɗu, tsakani kuma da ƙananan gyare-gyaren tsaro. Chrome ɗinka na sabunta kansa ba ka sani ba. Injin da ke cikin wata manhaja kuwa sai mai manhajar ya tashi, ya ɗauko sabon CEF ko Electron, ya gyara abin da sauyin ya karya, ya gwada, ya tura maka. Electron kansa manyan zubi uku na ƙarshe kawai yake yi wa faci. Wanda ya yi jinkirin shekara ɗaya ya faɗi daga mota.

Satumban 2023 ya nuna abin a fili. Akwai nau'in hoto mai suna WebP da Google ta fitar a 2010, da laburaren da ke warware shi, libwebp. Aka gano cewa idan aka ƙera hoto da gangan ta wata siga, laburaren na zuba bayanai su wuce iyakar wurin da aka tanadar musu a RAM, ta nan maharin zai cusa nasa umarnin. Ba sai ka danna komai ba, ganin hoton ya wadatar. Masu binciken Apple da na Citizen Lab ta Jami'ar Toronto ne suka kai rahoton, a daidai makon da Citizen Lab ta bankaɗo yadda aka dasa manhajar leƙen asiri ta Pegasus a wayar wani ma'aikacin ƙungiyar farar hula a Washington. Google ta toshe kafar a Chrome ranar 11 ga watan, Firefox ya biyo baya. Daga nan aiki ya dawo sabo, domin libwebp na kwance a cikin kowane libcef.dll da kowane Electron a duniya. Masu himma irin su Signal suka fitar da gyara cikin 'yan kwanaki. Wasu sai bayan makonni. Manhajojin da masu su suka watsar, ko suka sayar suka juya baya, har gobe kafar a buɗe take. Kuma mai kwamfuta ba shi da wani allo ɗaya da zai duba ya ga waɗanne aka gyara, waɗanne suka rage.

A nan ya kamata a yi adalci: ba kowane tsohon inji ne haɗarinsa ɗaya ba. Wanda ke nuna shafukan da mai manhajar ya rubuta da hannunsa kaɗai, ba ya karɓar komai daga waje, da wuya a same shi. Wanda ke nuna saƙonni da hotunan da baƙi suka turo, ko tallace-tallace, ko yake barin ka bi mahaɗi zuwa ko'ina, wannan burauza ce cikakkiya, sai dai babu mai gadinta. Chrome na killace mai zana shafi cikin keji, yadda ko an rinjaye shi ba zai iya taɓa sauran kwamfutar ba sai an sake fasa kejin. A CEF kafa wannan keji aiki ne na musamman, kuma akwai masu manhajar da ke kashe shi don ya takura musu. Electron ma ya daɗe yana barin shafi ya taɓa Node.js kai tsaye, wanda ke nufin ƙaramin kuskure a akwatin hira na iya zama mabuɗin kwamfuta gaba ɗaya. Sai a 2019 aka rufe wannan ƙofa a matsayin tsarin asali, kejin kuma bai zama na asali ba sai a 2022.

Akwai kuma zancen kura da fatar akuya. Idan manhaja ta nemi laburare, cikin wuraren farko da Windows ke dubawa akwai foldar da manhajar take. Masu kutse sun daɗe da sanin haka. Sai su ɗauko manhajar gaskiya mai ɗauke da hatimin kamfaninta, su ajiye nasu fayil a gefenta su raɗa masa suna libcef.dll. Manhajar kirki ce ta tashi, ita ce kuma ta ɗauko ɓarawon da hannunta. Wannan na cikin dalilan da suka sa masu kariya ke yi wa sunan kallon hadarin kaji, har wani lokaci su kama marar laifi. A Maris na 2023 abin ya wuce nan: an shiga har inda kamfanin 3CX ke harhaɗa manhajarsa ta kiran waya, wadda aka gina da Electron, aka gurɓata ffmpeg.dll da ke cikinta, kamfanin ya buga hatiminsa ya raba wa abokan cinikinsa bai sani ba. Masu bincike na Mandiant suka danganta aikin da masu kutsen Koriya ta Arewa. Idan wanda ya fito daga gidan masu shi ma yana iya zuwa da guba, ina ga na shafin da yaron shago ya tsinto?

Ita kanta Google ba ta amince da 'ya'yan injinta ba. A 2019 ta sanar da cewa za ta hana shiga asusunta ta cikin burauzar da aka dasa a manhaja, ta ambaci CEF da suna. Dalilin a fili yake: manhajar da ta buɗe maka tagar ita ke riƙe da ita, tana iya ganin kalmar sirrin da kake bugawa, kuma babu layin adireshi da za ka duba ka tabbatar inda kake. Idan ka ga manhaja ta jefa ka can burauzarka ta asali don ka shiga asusu sannan ka dawo, ba wahalar da kai take yi ba.

Ganin haka, sai aka fara waiwayar injin unguwa. Microsoft ta watsar da nata injin ta mayar da Edge kan Chromium a Janairun 2020, a ƙarshen shekarar ta fitar da WebView2: inji ɗaya a kwamfuta, yana sabunta kansa, manhaja kuma ɗan ƙaramin fayil kawai za ta ɗauka mai nemo shi. Windows 11 da shi yake zuwa. Teams ya bar Electron ya koma kansa a 2023, Microsoft ta ce ya rage cin RAM da rabi, ko da yake a lokaci guda sun sake rubuta manhajar, don haka ba za a ba injin ladan duka ba. WhatsApp na kwamfuta ya yi zagaye cikakke: Electron daga 2016, manhajar Windows ta asali a 2022, sai kuma WebView2 a 2025. Akwai kuma Tauri, wanda zubinsa na farko ya fito a 2022, da ke aron duk injin da ya tarar: WebView2 a Windows, WebKit a Mac da Linux. Manhajojinsa kan fito 'yan megabait kaɗan. Sai dai a lura, sauƙin WebView2 ya fi yawa a faifai da wajen faci. Kowace manhaja har yanzu tana tayar da nata ayarin ma'aikatan, shi ya sa msedgewebview2.exe ke cika Task Manager.

Shi ma wannan tsari mun ga ranar da ya ba da kunya, a aljihunmu ma. Wayoyin Android tun 2014 suke da inji ɗaya na tarayya, Android System WebView, da ake sabuntawa ta Play Store. Ranar 22 ga Maris 2021 wata sabuntawa mai aibi ta fita, sai Gmail da tarin manhajojin da ba su haɗa komai da juna ba suka kama rufewa da kansu a wayoyin mutane. Masu manhajojin ba su taɓa komai ba, ba kuma abin da za su iya sai jiran Google. An gyara cikin sa'o'i, wannan gaskiya ne, kuma gyara ɗaya ya warkar da kowa. Amma injin unguwa ya tsaya, ranar babu gidan da aka tuƙa tuwo.

Idan aka ce in zaɓa, ga duk manhajar da ke nuna abin da baƙi suka turo, na fi son na tarayya. Lalacewar yini ɗaya da kowa ya gani ta fi mini kafar da za ta shekara uku a buɗe babu wanda ya sani. Kamfanin da ya ɗauki nasa injin ya ɗauki alkawarin bin sawun Google duk wata har abada, kuma kaɗan ne ke faɗa wa mai saye sun ɗauki wannan alkawari, balle su cika.

Abin da zaɓin bai taɓa ba shi ne, ko ka bi CEF, ko Electron, ko Qt, ko WebView2, gida ɗaya za ka sauka. Mozilla, mai burauzar Firefox, ta daina tallafa wa masu son dasa injinta na Gecko a manhajojin kwamfuta tun 2011, ta bar fagen. Don haka shawarar da aka yanke a aikin Chromium kan zama doka ga manhajojin da ba su da alaƙa da shiga intanet. Chrome 109, na Janairun 2023, shi ne na ƙarshe da ke aiki a Windows 7 da 8.1. Electron da WebView2 suka bi sahu. Ranar 1 ga Janairun 2024 Steam ya daina tallafa wa waɗannan Windows ɗin, kuma Valve, kamfanin da ke da shi, ba ta ɓoye dalili ba: Chrome ɗin da ke cikinsa ba ya tafiya a kansu. Haka aka yi wa masu XP da Vista a farkon 2019. Wasan da mutum ya saya lafiyarsa lau, kwamfutarsa na iya ɗaukarsa, amma ƙofar shiga kantin ta tsufa. Windows 10 ma tallafinsa na gama-gari ya ƙare ranar 14 ga Oktoban 2025, kuma yawancin tsofaffin laftof ɗin da ke hannun mutanenmu Windows 11 ba ya karɓarsu.

Kafin in bar shagon Kawu na danna fayil ɗin da maɓallin dama na duba bayanansa. Lambar farko a zubin CEF ita ce ta Chromium ɗin da ke ciki, kowa na iya dubawa. Nasa 87 ne, wato na Nuwamban 2020, kusan shekara uku kafin a toshe kafar WebP. Manhajar kuma tana da wani ɗan gefe da ke jawo hotunan kaya daga intanet. Na yi masa bayani iya yadda zan iya.

"To ai sai a gaya wa masu ita su canza," in ji shi, ya miƙo mini wayarsa da lambar wanda ya sayar masa.

Na kira, muka gaisa, na faɗi abin da na gani. Mutumin ya yi shiru kaɗan.

"Malam, yanzu tana buɗewa ko ba ta buɗewa?"

Na ce tana buɗewa.

"To Alhamdu lillahi. A gaida Alhaji."